Kotu ta ce a mayar da haraji: me ya sa kuɗin ba sa fitowa?

Tun da sababbin dokokin haraji suka fara aiki ranar 1 ga Janairu, 2026, 'yan kwangila da 'yan kasuwa a Kazaure, Babura, Roni da Gwiwa suke ta muhawara kan abu guda: idan an cire maka haraji fiye da ƙima, ana mayarwa kuwa? Wasu sun ce abin da ya shiga aljihun gwamnati ya tafi ke nan. Wasu kuma sun ce da zarar alƙali ya yanke hukunci, duk jami'in da ya ƙi biya sai gidan yari. Wannan magana ta biyu ita ce ta fi ɓatar da mutane.

Laifin raina kotu gaskiya ne. Sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa kowace hukuma bin hukuncin kotu. Wanda ya bijire, ana aika masa Fom 48 a matsayin gargaɗi, sannan Fom 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. A ƙarshen 2022 wata kotu a Abuja ta ba da umarnin tsare shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, wata kuma ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda na lokacin, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku. Daga baya an janye hukuncin duka biyun.

Sai dai sashe na 72 na dokar zartar da hukuncin kotu ya keɓe umarnin biyan kuɗi daga wannan hanyar ɗauri. Mai bin hukuma kuɗi yakan koma kotu ne ya nemi a ciro masa haƙƙinsa daga asusunta na banki. A nan sashe na 84 ke jiransa: kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati ba a taɓa su sai da amincewar Antoni Janar, wato babban lauyan gwamnatin da aka kayar. Tamkar alƙali ne ya ce a auna maka hatsinka daga rumbun wani gida, alhali makullin na hannun babban ɗan gidan.

Akwai kuma uzurin da aka saba ji a ofisoshi: “Ai mun ɗaukaka ƙara.” Ɗaukaka ƙara kaɗai ba ya dakatar da hukunci, sai kotu ta ba da umarnin dakatarwa. Mai haƙƙi ya nemi a nuna masa wannan takardar.

Mu ma da namu sakacin. Da yawa ana cire musu haraji daga kuɗin kwangila, ba sa karɓar takardar shaida. Kotun ƙararrakin haraji ta shiyyar Arewa maso Yamma tana Kaduna, kuma wanda ya taso daga Gwiwa hannu rabbana ya yi asarar kuɗin mota. Sababbin dokokin sun kafa ofishin sauraren koken masu biyan haraji, ya kamata a gwada shi kafin shari'a.

Hukumar da ke cin tarar ɗan kasuwa idan ya makara bai kamata ta riƙe kuɗinsa bayan kotu ta yi magana ba. 'Yan majalisarmu na tarayya su sake duba sashe na 84, su sa wa Antoni Janar wa'adin ba da amsa.