Jinkirin zartar da hukuncin iyali a kotunan Kano

Jinkirin zartar da hukuncin iyali shi ne a yanke hukunci kan ciyarwa, riƙon yara ko gado, amma wanda ya yi nasara ya daɗe bai karɓi haƙƙinsa ba. A Kano, matan da aka saka ne suka fi fuskantar matsalar. Doka ta ba su damar kai kuka ga kotu ko hukumar da ke sama.

Tsarin kotuna

Kafin 1968, kotunan alƙalai da kotun sarki ne ke yin waɗannan shari'o'i a cikin birni. A shekarar aka soke kotun sarki, aka kafa kotunan yanki. Bayan jihar ta ƙaddamar da shari'ar Musulunci a 2000, kotunan shari'a suka maye gurbinsu, kamar waɗanda ke Ƙofar Kudu da Shahuci. Suna hukunci bisa mazhabar Malikiyya.

A samansu akwai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a. Sashe na 277 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta hurumi kan aure, riƙon yara, waƙafi, kyauta, wasiyya da gado. Daga nan sai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Tarayya, sannan Kotun Ƙoli a Abuja.

Dalilan jinkiri

Daga ciki akwai yawan ɗage zama, ƙin amsa sammaci, da wahalar gano kuɗin shigar mutumin da ba ya karɓar albashi. A shari'ar gado, sayar da gidan da magada ke zaune a ciki kan ɗauki lokaci. Wasu kuma kan ɗaukaka ƙara don kawai su ja lokaci, ko da yake a ƙa'idar dokar Najeriya ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta dakatar da hukunci, sai kotu ta ba da umarnin dakatarwa.

Hanyoyin neman mafita

Ɗaukaka ƙara ta mai ganin an yi kuskure a hukunci ce. Wanda hukunci ya yi wa daidai, zartarwa kawai yake jira, ya kan fara da komawa kotun da ta yanke shi, ya nemi ta tilasta biya. Idan ba a samu biyan buƙata ba, zai iya rubuta ƙorafi ga Alƙalin Alƙalai, shugaban Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a.

Sashe na 272 ya ambaci ikon Babbar Kotun Jiha na sa ido kan ƙananan kotuna. A nan ake neman umarnin da lauyoyi ke kira mandamus, wanda ke tilasta wa kotu ko jami'i yin aikin da doka ta ɗora masa. Masu nema kan kafa hujja da sashe na 36, wanda ya ce a saurari shari'a cikin lokacin da ya dace. Umarnin ba ya sauya hukuncin kansa.

Idan zargin sakaci ne ko karɓar rashawa, Hukumar Kula da Ma'aikatan Shari'a ta jiha, wadda Babban Joji ke shugabanta, ita ke ladabtar da alƙalai da ma'aikatan waɗannan kotuna.

Ƙalubale

Zuwa Babbar Kotu kan buƙaci lauya da kuɗin shigar da takardu, wanda zai iya fin kuɗin ciyarwar da ake bi. Saboda haka wasu kan koma sulhu ta hannun dangi, mai unguwa ko Hukumar Hisba.