Moussa Latoundji: Daga Fili Zuwa Benci, Da Yaranmu Na Bakin Teku

Duk wanda ya yi wayo a cikinmu, mu Hausawan Kwatano, tun daga Zongo har nan Fidjrossè, da wuya ya manta da ranar 4 ga watan Fabrairu na 2004. A ranar ce Benin ta kara da Nijeriya a garin Sfax na ƙasar Tunisiya, a gasar cin kofin Afirka, kuma wannan ne karo na farko da ƙasarmu ta taɓa leƙa gasar. Muka taru gaban talabijin ɗin mai shayi, wasu a benci wasu a tsaye, zukata sun rabu biyu. Ga ƙasar da aka haife mu a gefe guda, ga ƙasar da kakannin da yawa daga cikinmu suka baro a ɗaya gefen. Sai ga shi wanda ya fara jefa mana ƙwallo a raga Garba Lawal ne, ɗan Kaduna, mai jin harshenmu. Wasu suka yi tsalle, sa'an nan suka tuna inda suke, suka koma suka zauna a hankali.

John Utaka ya ƙara ta biyu. Kafin wannan rana Afirka ta Kudu ta ba mu biyu da nema, Maroko ta ba mu huɗu da nema, saboda haka mun riga mun sallama cewa gida za a dawo hannu rabbana. Ana dab da tashi sai wani saurayi ɗan Porto-Novo mai shekara 25 ya zura ƙwallo a ragar Nijeriya. An ci mu biyu da ɗaya, amma ihun da aka yi a daren nan sai ka ce kofin aka ɗauko. Wannan ce ƙwallo ta farko da Benin ta taɓa ci a gasar Afirka, kuma mai ita shi ne Moussa Latoundji.

An haife shi a 1978. Ya fara da ƙungiyar Dragons ta Ouémé, ya ratsa ta Metz a Faransa, ya sauka a 1998 a Energie Cottbus, wata ƙungiya ta ƙaramin gari a gabashin Jamus, kusa da iyakar Poland. Da shi aka hau rukunin farko na Jamus, wato Bundesliga, a 2000. Masu bin tarihin ƙwallo suna tuna ranar 6 ga Afrilu na 2001, lokacin da kocinsu Eduard Geyer ya fito da 'yan wasa goma sha ɗaya a kan Wolfsburg ba Bajamushe ko ɗaya a cikinsu, abin da ba a taɓa yi ba a gasar. Ɗan Porto-Novo yana cikin sha ɗayan nan. Cottbus ta gangaro a 2003, shi kuwa ba a jima da dawowa daga Tunisiya ba ciwon gwiwa ya raba shi da fili, tun bai kai shekara talatin ba.

To, jama'a, a nan ne maganarmu take. Ɗan ƙwallo ba kamar ɗan kasuwa ba ne, wanda yake ƙara gwanancewa da tsufa. Jarinsa ƙafarsa ce, ranar da ta ƙi, kasuwa ta tashi. Abin da ya rage masa shi ne abin da ke cikin kai: yadda ake tsayuwa a tsakiyar fili, yadda ake karanta abokin gaba, yadda yaro zai zauna a ƙasar sanyi ba ya jin harshe ba ya da kowa, da yadda ake gane dillalin gaskiya da na ƙarya. Ina wannan ilmi yake zuwa?

Latoundji ya koma aikin koyarwa. Ya yi mataimaki a ƙungiyar ƙasa ƙarƙashin Bafaranshen nan Michel Dussuyer, wanda ya kai mu wasan kusa da na kusa da ƙarshe a Masar a 2019, bayan an fitar da Maroko a bugun fenariti. Da Dussuyer ya tafi, sai aka miƙa wa Latoundji riƙon ƙwarya a 2022. Ya fara da sa'a a wasannin sada zumunta, amma da aka shiga na neman gurbi a watan Yuni sai Senegal ta ci mu uku da ɗaya, Sadio Mané ne ya ci duka ukun, sa'an nan Mozambik ta zo har gida ta ci mu ɗaya mai ban haushi. A watan Fabrairu na 2023 aka ɗauko Gernot Rohr, wanda ya riƙe Nijar, ya kuma riƙe Nijeriya daga 2016 zuwa 2021.

Ba muna ƙorafi da Rohr ba ne. Shi ne ya sa muka rama abin Sfax a watan Yuni na 2024, da aka ci Nijeriya biyu da ɗaya a Abijan, kuma a ranar ma mai shayi ya sha surutu. Abin da muke cewa shi ne, wannan hanya mun sha ganinta. Wabi Gomez ne yake riƙe da ƙungiyar sa'ad da ta sami gurbin gasar 2008 ta Ghana, amma Bajamushe Reinhard Fabisch ne ya tafi da ita. Oumar Tchomogo, wanda yana cikin masu ci ranar da aka doke Zambiya uku da nema a 2003 aka sami tikitin Tunisiya, ya yi riƙon ƙwarya a 2013, aka dawo da shi a 2015. A hannunsa rikicin shugabanci ya sa FIFA ta dakatar da ƙasarmu a 2016, ya yi ta fama har wasan ƙarshe a Bamako, inda Mali ta ci mu biyar da biyu. Ɗan gida dai shi ne mai tsaron kujera kafin baƙo ya iso. Kuma kujerar guda ɗaya ce tak, tsofaffin 'yan wasa kuwa da yawa.

Bari mu leƙa Amurka kaɗan, don a can akwai wata ƙofa da mu ba mu da ita. Suna da wasan da suke kira besbol, ana jefo ƙaramar ƙwallo mai tauri, mutum ya tare ta da kulki ya ruga. Ɗaya daga cikin gwanayensa shi ne Tony Gwynn, baƙar fata, wanda ya yi shekara 20 a ƙungiya ɗaya, San Diego Padres, daga 1982 zuwa 2001, ya yi bugu mai kyau sau 3,141, ya zama zakaran masu bugu na rukuninsu sau takwas. Da ya bar wasa bai nemi babbar kujera ba. Jami'ar da ya yi karatu ya koma, ta Jihar San Diego, ya shekara guda yana taimaka wa tsohon kocinsa Jim Dietz kyauta, sa'an nan ya gaje shi. Yana kan wannan aiki har ya rasu a watan Yuni na 2014 yana da shekara 54, da ciwon daji na baki, wanda shi da kansa ya ɗora wa tabar da yake cusawa a kunci. Masu sa taba a leɓe cikinmu, kun dai ji. Cikin ɗalibansa akwai Stephen Strasburg, wanda aka fara zaɓa a duk ƙasar a 2009.

Abin lura shi ne, a can filin wasa yana cikin makaranta. Yaron da yake son ya koyi bugu wurin Gwynn dole ya shiga aji, in makinsa ya faɗi a hana shi wasa. Wanda bai zama ƙwararre ba, kuma su ne mafi yawa, ya fita da takarda a hannu. Tsohon ɗan wasa kuma ya sami albashi da mutunci ba sai ya jira an kori Bature ba.

Mu ma muna da makarantar horar da malaman wasanni a Porto-Novo, ƙarƙashin Jami'ar Abomey-Calavi. Amma ƙofar jami'a sai da takardar bak, kuma da yawa daga cikin masu ƙafar zinariya sun bar aji tun kafin nan, saboda ƙwallon. A nan laifin har da namu, iyaye. Ko dai mu hana yaro ƙwallo ɗungurungum mu ce shashanci ne, mu tura shi shago a Dantokpa, ko kuwa in mun ji ƙamshin Turai mu cire shi daga makaranta, mu sayar da abin da muke da shi mu danƙa wa wani mai jaka wanda ya ce ya san mutane a Faransa. Ice tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, amma wa muka ba tanƙwarar?

Ranar Lahadi da safe muka bi ta bakin teku. Tun daga wajen bishiyoyin kwakwa yara sun kafa sanduna a yashi, an raba fili uku ko huɗu, ba takalmi, ba alƙalin wasa. Muka ji Hausa a bakin wasunsu, har da Fon da Faransanci. A can gefe wani dattijo mai ɗingishi, da rigar 'yan zemijan mai ruwan ɗorawa, ya jingine babur ɗinsa yana kallo. Can ya kasa haƙuri, ya kira wani yaro mai kamar shekara goma sha biyu, ya ce, "Kai yaro, kafin ƙwallo ta zo maka ka fara duba bayanka." Yaron ya ce, "To, Baba." Muka tambaye shi ko ya taɓa bugawa, ya ce ya yi zamaninsa, gwiwa ce ta zaunar da shi. Ya nuna wa yaron sau biyu yadda zai karkata kafaɗa. Ana cikin na uku sai wata mata da kwandon kifi ta ɗaga masa hannu daga bakin titi, ya tada babur ya tafi.