'Yar Wasa: Sana'ar da Zalika Souley Ta Share wa Hanya

A shagunan teloli na Briqueterie, unguwar Hausawa a Yawunde, da wuya ka tarar da talabijin a kashe. Keke na ta ƙara, Arewa24 na ta aiki, kuma duk 'yar wasan da ta fito an san sunanta, an san aurenta har da mutuwar auren. Amma ka ce Zalika Souley, sai a yi maka kallon baƙo.

A Yamai aka haife ta, a 1947. Tana da shekara 19 Moustapha Alassane ya saka ta a fim ɗinsa na 1966, Le Retour d'un aventurier, labarin wani saurayi da ya dawo gida da akwati cike da kayan kaboyi, ya rarraba wa abokansa. Zalika ta sa wando da malafa, ta ɗaura bindiga a ƙugu, ta haye doki. A Yamai ta wancan zamani, wandon kaɗai ya isa a shekara ana yi da mace.

Sana'ar ba ta da makaranta a lokacin, a bakin aiki ake koyonta. Zaren fim kuwa kuɗi ne, kuma sai an kai shi Faransa a wanke kafin a ga abin da aka ɗauka. Saboda haka babu zancen "a sake, a sake" irin na yau da ake gogewa a waya. Dole 'yar wasa ta haddace maganarta, ta san inda za ta tsaya, hawaye ya zubo a lokacin da ake nemansa, rana na dukanta.

Oumarou Ganda ne ya fi cin moriyar basirarta. Ta fito a Cabascabo, sannan a Le Wazzou polygame, wanda ya ɗauki babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972, karo na farko da aka bayar da ita. Kishiya ta fito, mai baƙin kishi, kuma ta iya har ta wuce misali. Nan gizo ke saƙar. Masu kallo ba su raba Zalika da matar da suka gani a majigi ba, suka riƙa jifanta da baƙar magana a titi. Wato ƙwarewar ce ta ja mata, da ta yi wasan a sanyaye da ba wanda ya kula ta.

Kuɗi fa? Fim ɗin da Rahmatou Keïta ta yi a kan rayuwarta, Al'lèèssi, ya nuna ta a wani ɗan gida a Yamai da ko famfo babu. Daga baya ta tafi ƙasar waje ta kama aikatau. Ta rasu a watan Yulin 2021.

Dattawan Briqueterie ba su ga irin waɗannan mata a akwatin talabijin ba, domin sai a 1985 talabijin ta zo Kamaru, alhali Kaduna ta samu tun 1962. Silima suke zuwa, inda ake haska finafinai irin na Indiya. Ita ma silimar Abbia da ke Yawunde an rufe ta a 2009.

Kar a ce labarin da ne. A 2022 Ladin Cima, wadda ta tsufa a wannan sana'a, ta shaida wa BBC Hausa cewa naira dubu biyu zuwa biyar ake ba ta a fim. Furodusoshi suka yi ca, kowa na kare kansa, aka yi ta cece-kuce, ƙura ta lafa.

Yanzu samarin unguwa ma sun shiga ɗaukar gajerun finafinai da waya suna ɗorawa a YouTube. To, 'yan uwa, a yi ciniki da yarinyar mutane kafin a kunna kamara, a biya ta ranar da ta gama aiki. Mu kuma masu kallo, in mun haɗu da ita a kasuwar Mokolo, mu kira ta da sunan da iyayenta suka raɗa mata.