Yadda Uwargida Za Ta Haɗa Yis Ɗinta A Gida

Duk magidancin da ke zaune a Abuja, ko a Kubwa ne ko Nyanya ko Gwagwalada, ya san yadda burodi ya zama abin karin kumallon ma'aikata da 'yan makaranta. Ya kuma san yadda kuɗinsa ya yi ta hawa tun 2022, lokacin da yaƙin Rasha da Yukren ya tsauwala farashin alkama a duniya. Dalili kuwa shi ne, mafi yawan alkamar da Nijeriya ke ci daga waje ake sayo ta. Ko a 1987 da gwamnatin Janar Babangida ta hana shigo da ita, abin da aka noma a Kadawa da sauran wuraren noman rani bai ƙosar da ƙasa ba.

Wannan ya sa wasu matan aure suka koma gasa nasu a gida. To, amma nan ma akwai wata matsala. Yis na kanti yakan mutu idan ya daɗe cikin zafi, sai uwargida ta kwaɓa mudu guda na fulawa, ƙullu ya ƙi tashi, a yi asarar kuɗi da wahala.

Alhali kuwa yis ba a kanti ya samo asali ba. Wata 'yar ƙanƙanuwar halitta ce mai rai, wadda ke zaune a jikin hatsi. Idan ta sami ruwa da gari sai ta ci, ta fitar da iska, iskar nan ita ke kumbura ƙullu. Mutanen Masar sun yi dubban shekaru suna burodi ta haka kafin wani Bafaranshe, Louis Pasteur, ya bayyana sirrin a 1857. Mai masa da ke barin ƙullunta ya kwana ya tashi, ita ma aikin da take yi ke nan.

Ga yadda ake yi. A sami kwalba mai faɗin baki a wanke ta sarai. A zuba cokali 4 na garin alkama, wanda aka niƙa da dusarsa ya fi, da cokali 4 na ruwa, a dama. Idan ruwan famfo ne, a bar shi ya kwana a buɗe domin maganin da ake sa masa ya fita. A rufe bakin kwalbar da ƙyalle mai tsabta, kada a ɗaure da murfi.

Kowace safiya a kwashe rabi, a ƙara sabon gari da ruwa kamar na farko. Watau ciyar da shi ke nan, don mai rai ba ya zama da yunwa. Cikin kwana 5 zuwa 7 za a ga yana kumfa, yana ƙamshin tsami kamar na nono, yana kuma ninka kansa 'yan sa'o'i bayan an ciyar da shi. To, ya nuna.

Sai a lura da yanayi. A zafin Maris da Afrilu na Abuja yakan yi saurin tsami, saboda haka a ciyar da shi safe da yamma, a ajiye shi gindin randa. Lokacin hunturu kuwa nawa yake yi, sai haƙuri. Idan ruwa ya taso a samansa, yunwa ce kawai, a tsiyaye a ciyar da shi. Amma idan ya yi fumfuna ko ya yi ja-ja, a zubar, kada a yi ƙyashi.

Ranar gashi, kofi 1 na yis ɗin ya isa kofi 4 na fulawa, da gishiri da ruwa. Sai dai ya fi na kanti jinkiri, ƙullun na iya ɗaukar rabin yini kafin ya tashi. Wadda ba ta da tanderu, babbar tukunya da yashi a gindinta ta wadatar.

Abu na ƙarshe, kada a ƙarar da shi duka, a rage iri a ci gaba da ciyarwa. Mai shirin tafiya kuwa ta shafa shi a faranti ya bushe, ta daka ta adana, in ta dawo ta jiƙa. Da ma Hausawa sun ce da tsohuwar zuma ake magani.