Tuffa Mai Rigar Alawa: Kayan Marmarin Kaka a Amurka

Shirin na yau zai leƙa Amurka ne a lokacin kaka, daga Satumba zuwa Oktoba, sa'ad da ganyaye ke yin ja suna zuba, manoma kuma suna tsinkar tuffa. Jihar Washington ce kan gaba wajen nomanta. A New York da Michigan ma, iyalai kan fita gonaki a ƙarshen mako, su biya kuɗi su tsinko da hannunsu, su dawo gida da abin da ya fi ƙarfin bakinsu. Wani kaso na wannan tuffa a tukunyar alawa yake ƙarewa.

A soke ta da tsinke, a tsoma cikin narkakkiyar alawar da ake kira karamel, a bari ta sha iska. Ita karamel sukari ne da man shanu da madara mai kauri, a dafa har su yi launin ruwan ƙasa. Duk wanda ya san alawar madara ya san 'yar'uwarta, sai dai wannan ta fi danƙo.

Akwai wata tuffar alawa da ta girme ta, ja mai ƙyalli da tauri, wadda ake cewa wani mai alawa, William Kolb, ya fara yi a birnin Newark a 1908. Ta karamel kuwa, ana danganta ta da Dan Walker, ma'aikacin kamfanin Kraft, wanda a shekarun 1950 ya narka ragowar alawar da ba a sayar ba ya tsoma tuffa a ciki. A 1960 Vito Raimondi ya yi rajistar injin yin ta a Chicago. Amma injin bai raba matan gida da tukunya ba, kuma a nan ne aikin yake da daɗin kallo.

Matsala ta farko ita ce kaki. Tuffar kanti ana shafa mata shi don ta yi sheƙi ta kuma daɗe, alawa kuwa ba ta kama jiki mai santsi. Shi ya sa masu yi kan tsoma ta a tafasasshen ruwa na ɗan lokaci kaɗan, su goge ta tas, su sa ta a firji ta yi sanyi. Ɗigon ruwa ɗaya ya isa ya ɓata aikin. Yawanci koriyar nan mai tsami ake zaɓa, Granny Smith, wadda asalinta daga Ostareliya ne, domin tsaminta ne ke karya zaƙin alawar. Idan zaƙi ya haɗu da zaƙi, cizo biyu mutum zai yi ya ajiye.

Sai kuma wuta, wadda ita ce ke raba gwani da ɗan koyo. Ana son zafin alawar ya kai kusan digiri 120 a ma'aunin Selshiyos. Idan aka sauke da wuri, za ta sulale ta taru a gindin tuffar. Idan ta wuce, haƙori ne zai ji a jikinsa. Wanda ba shi da ma'auni sai ya ɗiga kaɗan a ruwan sanyi: in ta dunƙule amma tana lotsawa tsakanin yatsu, ta yi. Kafin ta daskare, yara ke karɓar aikin, su mirgina ta cikin dakakkiyar gyaɗa ko cakulan.

Da can har yaran da ke bi gida-gida a daren Halloween, 31 ga Oktoba, ana miƙa wa irin wannan tuffa. Daga ƙarshen shekarun 1960, jita-jitar ana cusa reza a ciki ta sa iyaye suka daina yarda da abin da ba a rufe yake daga kamfani ba. Abin takaici ne, domin binciken da aka yi daga baya ya nuna tsoron ya fi haɗarin yawa nesa ba kusa ba. Yanzu ta gida sai tsakanin waɗanda suka san juna: a naɗe a leda a kai wa maƙwabciya, ko a yayyanka a faranti a wajen taron makaranta.

Haɗarin gaske ta wani wajen ya ɓullo. A ƙarshen 2014, ƙwayar cutar listeriya da aka gano a tuffar karamel ta kanti ta kama mutum 35 a jihohi 12, bakwai suka rasu. Masana sun yi mamaki, don tuffa tana da tsami, alawa kuma ba ta da ruwan da ƙwayar ke buƙata. Masu bincike a Jami'ar Wisconsin, ƙarƙashin Kathleen Glass, suka gano cewa tsinken ne ke fito da ruwan tuffar, ya kwanta ƙarƙashin alawar, ƙwayar ta samu wurin hayayyafa, musamman idan an bar ta a waje kwana da kwanaki. Saboda haka wadda ta yi tuffa goma sha biyu da yamma, gara ta raba su a ranar, abin da ya rage kuma ya kwana a firji. Masu juna biyu da tsofaffi su ne suka fi buƙatar wannan kiyayewa.