Tallafin da ya fi kyau a hoto

A 2006 uwargidan shugaban Amurka, Laura Bush, ta sanar da tallafin dala miliyan 16.4 domin wani famfo mai suna PlayPump. Lilo ne mai juyawa da aka haɗa da rijiyar burtsatse: yara na wasa, ruwa na hawa tanki. Aka kakkafa shi a Afirka ta Kudu da Mozambik, kowanne a kan kusan dala 14,000, wajen ninki huɗu na kuɗin famfon tuƙa-tuƙa. A 2009 jaridar Guardian ta yi lissafi, ta ga sai yara sun yi awa 27 suna wasa kullum kafin a cika alƙawarin ruwan da masu aikin suka yi. Da yaran suka gaji, iyaye mata ne suka koma tura lilo, tuluna na jira a layi.

Kafin nan Norwe ta gina wa Turkanawan Kenya masana'antar daskarar da kifi a Kalokol, a bakin tafki. Mutanen makiyaya ne, arzikinsu dabba. Kuɗin lantarki ya gagara, tafkin ya ja baya, aka garƙame ginin.

Me ke jawo haka? Mai biyan kuɗi daban, mai shan ruwa daban. Jami'in aiki yana tsoron ofishin da ke Washintan ko Oslo, domin can ake karanta rahotonsa. Mutanen ƙauye ba su da ikon korarsa. Ranar ƙaddamarwa akwai yanke ƙyalle da masu ɗaukar hoto, gyara kuwa ba ya shiga labarai, shi ya sa ba a cika ware masa kuɗi ba. Wa'adi na cika, farar Land Cruiser ta juya, a bar allon sanarwa yana tsatsa. Hukumomi su saba da jiran baƙi, ma'aikata su saba da bita a otal da kuɗin zama.

Amma akwai tallafin da ya yi rana, wato yaƙi da kurkunu. Masu fama da kurkunu sun kai miliyan 3.5 a 1986. A 2023 saura 14, kuma tun 2013 aka tabbatar Najeriya ta rabu da cutar. Da ƙyallen tace ruwa aka yi yaƙin, da 'yan sa-kai na cikin ƙauyuka. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Kafin a kafa tubali, a tambayi mutanen gari abin da suke so, a kuma tsayar da wanda zai yi gyara da inda kuɗinsa zai fito.