Arto Paasilinna, gwanin shaguɓe na ƙasar Finlan

An haifi Arto Paasilinna a Kittilä, can arewacin Finlan, a 1942. Ɗan jarida ne kafin ya rungumi ƙagaggun labarai, har ya wallafa 35.

Littafin da ya fito da shi duniya shi ne Jäniksen vuosi na 1975, wato Shekarar Zomo. A cikin labarin, motar da wani ɗan jarida mai suna Vatanen yake ciki ta buge ɗan zomo. Ya sauka ya ɗaure masa karaya, daga nan ya watsar da aiki da mata, ya nausa daji da zomonsa. Duk inda suka yada zango, Paasilinna kan caccaki 'yan sanda, limaman coci da jami'an gwamnati cikin raha, amma fa da zafi.

Faransawa sun so littafin, har suka mayar da shi fim a 2006. Marubucin ya rasu a 2018.